Masanin Shari'a da Riƙon Sabon Gari

Tsohon gari yana da abin jingina idan rigima ta tashi. Akwai dattawan da suka ga yadda aka kashe irin wannan wuta a zamanin iyayensu, akwai iyakokin gonaki da kowa ya tashi ya tarar, ga liman da alƙali da sarkin kasuwa, kowanensu ya san inda huruminsa ya ƙare. Sabon gari ba shi da ko ɗaya daga cikin waɗannan. Mutanensa daga wurare dabam-dabam suka taru, kowa da al'adar gidansu, kuma duk abin da aka yanke a shekarun farko, wa zai yi gini kusa da rijiya, ta ina dabbobi za su bi zuwa mashaya, nawa za a karɓa a hannun ɗan kasuwa, shi ne jikoki za su gada su kira shi al'ada. Saboda haka wanda ya fara riƙe irin wannan gari yana da wani iko da magadansa ba za su taɓa samu ba, domin babu hukuncin jiya da za a kafa masa hujja da shi. Tambayar da malaman Musulunci suka daɗe suna saɓani a kanta ita ce ko ya dace masanin shari'a, malamin fiƙihu a jiya ko lauya a yau, ya karɓi wannan riƙo, ko kuwa tsoron Allah da mutuncin ilimi sun fi son ya tsaya a gefe. Ni dai ina ganin ya dace ya karɓa, har ma akwai lokacin da karɓar take zama wajibi a kansa, amma da sharaɗin ya fara ɗaure kansa da ilimin nan kafin ya ɗaure kowa da shi.

Ba sai an je nesa neman misali ba. A Maratta, nan kusa da Galmi, aka haifi Shehu Usmanu ɗan Fodiyo a 1754, kuma ƙanensa Malam Abdullahi, wanda Shehu ya girme shi da shekara goma sha biyu, shi ne mutumin da rayuwarsa ta fi kowace fito da wannan tambaya fili a ƙasar Hausa. Abdullahi ya yi karatu a hannun yayansa da kawunnansa da Malam Jibrilu ɗan Umar, ya zama gwani a nahawu da lugga da tafsiri da fiƙihun Malikiyya. Da jama'ar Shehu ta yi hijira daga Ɗegel zuwa Gudu a watan Fabrairu 1804, shi ya fara yi wa Shehu mubaya'a, ya zama wazirinsa. A cikin watannin farko aka ci Matankari da Ƙonni, sannan a watan Yuni ya jagoranci rundunar da ta karya Sarkin Gobir Yunfa a Tafkin Kwatto. A 1805 ya ci Birnin Kabi, jama'a ta sauka a Gwandu. Gwandun wancan lokaci garin bakin daga ne mai cike da 'yan gudun hijira da yunwa, Fulani da Hausawa da sauran ƙabilu a cakuɗe, ko ganuwa babu. Bayan kayen da aka sha a Alwasa a ƙarshen shekarar, abokan gaba sun biyo sawu har bakin garin kafin a kore su. A irin wannan wuri ne malamin da ya saba da allo da tawada ya tsinci kansa yana rabon ganima, yana sauraron ƙara, yana yanke wa mutane inda za su zauna.

Abin da ya faru a 1807 shi ne zuciyar maganar. Ana kan hanyar zuwa yaƙin Alƙalawa, Abdullahi ya bar runduna da wasu 'yan tsirarun abokansa ya nufi gabas da niyyar tafiya Makka, ba don ya dawo ba. Dalilinsa, kamar yadda ya bayyana daga baya a littafinsa Tazyinul Waraƙat, shi ne yawancin mutanen kirkin da aka fara tafiyar da su sun mutu a yaƙi, waɗanda suka maye gurbinsu kuwa hankalinsu ya koma kan neman sarauta da tara dukiya da ƙwaraƙwarai da cin rashawa, har da sayar da mutane masu 'yanci a kasuwa kamar bayi. Ya isa Kano a zamanin Sarki Sulaimanu, jama'ar gari suka tsare shi da roƙo, suka ce ya rubuta musu abin da za su riƙa yin hukunci da shi. Ya rubuta Liya'ul Hukkami, ya karantar da tafsiri, sannan ya juya ya koma inda ya baro. A 1812 Shehu ya raba riƙon ƙasa, ya ba shi yamma, ya ba ɗansa Muhammadu Bello gabas. Wato mutumin da ya gudu daga mulki saboda ƙyamar abin da ya gani a cikinsa, bai yi nisa ba ya gane cewa ɓarnar da ya baro ta riga shi isa Kano, kuma mutanen can babu abin da suke nema a wurinsa sai ainihin abin da mutanen Gwandu suka rasa da tafiyarsa.

Masu ganin ya fi kyau malami ya guji kujera suna da hujja mai ƙarfi, kuma ba daidai ba ne a raina ta. Manzon Allah, tsira da aminci su tabbata a gare shi, ya hana Abdurrahman ɗan Samura neman shugabanci, ya kuma nuna wa Abu Zarri cewa amana ce mai jawo nadama ranar Alƙiyama ga wanda bai sauke ta ba. Imamu Abu Hanifa ya sha bulala a Kufa, ya sha ɗauri a Bagadaza a hannun Halifa Mansur, duk don ya ƙi karɓar alƙalanci, har ya rasu a 767. Tunanin da ke bayan wannan ƙin shi ne malamin da ya ci abincin fada bakinsa yakan mutu, kuma al'umma tana buƙatar mutum ko da guda wanda zai iya faɗa wa mai mulki gaskiya ba tare da ya tuna da albashinsa ba. Duk wanda ya ga yadda muƙami ke sauya mutane ya san akwai gaskiya a nan. Sai dai hujjar tana aiki ne a garin da ya riga ya kafu, inda idan wannan malami ya ƙi, akwai wani mai ilimi da zai karɓa. Abu Hanifa ya ƙi a birnin da ke cike da malamai, kuma almajirinsa Abu Yusuf ne ya zama babban alƙalin Haruna Rashid, ya rubuta masa littafi guda kan haraji don a taƙaita zaluncin masu karɓarsa. A sabon gari kuwa, kujerar da mai ilimi ya ƙi ba ta kwana babu kowa a kanta. Mai dawakai ne zai hau, ko mai kuɗi, ko wanda ya fi kowa yawan dangi, kuma hukuncinsa na farko zai zama gadon garin.

Malaman mazhabarmu sun ga wannan tun da daɗewa. Duk wanda ya karanta Mukhtasar na Shehu Khalil a zaure ya san an hukunta cewa idan babu wanda ya cancanci alƙalanci sai mutum ɗaya, ko aka ji tsoron haƙƙin mutane zai salwanta idan bai karɓa ba, to karɓa ta wajaba a kansa, har ma da nema. Annabi Yusuf, alaihissalam, da bakinsa ya nemi a ɗora shi a kan taskokin Masar, domin ya san fari na tafe kuma ya san babu wanda zai iya tsare abincin jama'a kamarsa. Imamu Sahnun, mai Mudawwana, ya daɗe yana ƙin alƙalancin Ƙairawan, garin da asalinsa sansanin soja ne na bakin daga, amma ya karɓa a 848 yana dattijo, bayan sarki ya yarda cewa hukuncinsa zai hau kan dangin sarkin da ma'aikatansa kamar yadda zai hau kan kowa, kuma bai karɓi albashi don kansa ba. Abin lura a nan shi ne sharaɗin. Sahnun ya tambayi abin da ya kamata a tambaya kafin a zauna: shin akwai wanda shari'a ba za ta iya taɓawa ba a garin nan? Da aka ce babu, sai ya zauna.

To mene ne ilimin shari'a ke kawo wa sabon gari wanda adalcin zuciya kawai ba zai kawo ba? Amsar ta fi fitowa a maganar ƙasa, kuma ba banza ba Malam Abdullahi ya keɓe wani ɗan littafi, Ta'alimur Radi, ga hanyoyin da mutum ke mallakar ƙasar da ba ta da mai ita. A fiƙihun Malikiyya, wanda ya raya matacciyar ƙasa ya mallake ta, kuma an fayyace abin da ake kira rayawa: ya fito da ruwa, ko ya yi gini, ko ya dasa itace, ko ya nome, ko ya fasa duwatsu ya baje wurin. Kewaye fili kawai a tafi a bar shi ba rayawa ba ne, haka nan kiwo a cikinsa. Idan filin yana kusa da gari, sai da izinin shugaba, domin abin da ke kusa kowa na da buƙata a cikinsa. Kuma kowane gari yana da hurumin da ba a mallaka wa mutum ɗaya, wato dajin da mata ke itace da inda dabbobi ke kiwo su dawo a yini guda, kamar yadda kowace rijiya ke da filin da masu zuwa ɗiban ruwa da shayar da dabba ke tsayawa. An ma yi maganar wanda ya raya fili sannan ya bar shi ya koma daji tsawon zamani, wani ya zo ya sake raya shi. Mutumin kirki wanda bai san waɗannan ba zai iya yanke hukunci mai kyau yau, gobe ya yanke wani mai kyau wanda ya saɓa wa na jiya, domin jiya ya ji tausayin manomi, yau ya ji tausayin makiyayi. Talakan da ke gabansa ba shi da hanyar sanin abin da zai samu sai ya karanci fuskar mai gari.

Mutanen Badagishiri da Illela sun san wannan magana a aikace. Bayan farin shekarun 1970 da na 1984, tuddan Adar da yawa sun zama faƙo, ƙasa mai tauri da ruwa ke gudu a kanta bai shiga, ba wanda yake kulawa da ko ta wace ce. A ƙarshen shekarun 1980 wani shiri na asusun FIDA mai mazauni a Badagishiri ya kai wasu manoma Yatenga a Burkina Faso, suka ga yadda ake faɗaɗa ramukan shuka ana zuba musu taki, suka dawo suka gyara tassarsu, wato nasu ramukan shuka, a kan haka. Da damina ta yi ƙaranci a 1990, gonakin tassa ne suka ba da hatsi, sai aikin ya bazu, aka farfaɗo da dubban hekta da tassa da rabin wata da jerin duwatsu. Nan take faƙon da aka yi watsi da shi ya yi daraja, aka shiga saye da sayarwa. Daga ranar da matacciyar ƙasa ta fara ba da gero, tambayoyin da Abdullahi ya zauna ya rubuta a kansu suka dawo da ransu: na wane ne filin, na wanda kakansa ya taɓa nomawa ko na wanda ya fasa shi da hannunsa? Idan kowa ya raya abin da ke gabansa, ina garken gari zai yi kiwo, ta ina Bafillace da Buzu za su wuce da dabbobinsu? Duk wurin da arziki ya fito daga inda ba a zata ba, sabon gari ne ta fuskar shari'a, ko da ya shekara ɗari uku da kafuwa.

Suka ta biyu ta fi ta farko zafi. Ana cewa ilimin doka ba ya ƙara wa mutum gaskiya, wayo yake ƙara masa, kuma azzalumin da ya san littafi ya fi jahilin azzalumi haɗari, domin shi zai ƙwace gonarka ya kuma ba ka takarda mai hatimi da ke nuna bai ƙwace ba. Ba a banza talaka ke tsoron lauya ba. Shi kansa Manzon Allah ya yi gargaɗi cewa ɗaya daga cikin masu jayayya zai iya fin ɗan'uwansa iya tsara magana har a yanke masa abin da ba nasa ba, kuma abin da ya samu ta haka wuta ce. Idan wannan haɗari yana tare da mai ƙara, ina ga ranar da mai iya maganar ya zama shi ne mai gari? Na yarda da wannan suka gaba ɗaya, kuma a kanta ne sharaɗin da na ambata tun farko ya tsaya. Ilimi yana zama kariya ga jama'a ne idan ya fita daga ƙirjin mai shi ya zama rubutu da kowa zai iya dubawa, kuma idan mai riƙon gari ya yarda wani dabam ya zauna a kujerar hukunci. Abin da Abdullahi ya yi a Kano ke nan. Ya bi sawun nasihar da Shehu Maghili ya rubuta wa Sarki Muhammadu Rumfa fiye da shekara ɗari uku kafinsa, ya jera muƙamai, na shugaba da waziri da alƙali da mai hisba da mai karɓar zakka da haraji, ya bayyana sharuɗɗan kowane da abin da ya halatta ya karɓa da abin da bai halatta ba. Wanda ya rubuta irin wannan ya ajiye tiya a tsakiyar kasuwa, ranar da ya kawo nasa hatsin da ita za a auna masa. Azzalumi mai wayo abin da ya fi ƙi shi ne rubuta ƙa'ida tun kafin ya san wanda za ta taɓa.

Akwai kuma masu cewa bakin daga ba wurin littafi ba ne. Garin da maƙiya ke kewaye da shi yana buƙatar mai saurin yanke shawara, mai iya lallashin manyan mayaƙa da kyauta da muƙami, mai iya kau da kai daga ƙaramin laifi don a tsira daga babba. Wannan suka tana da nauyi na musamman domin daga cikin gida ta fito. Shehu da kansa, a littattafan da ya rubuta bayan an ci Alƙalawa a 1808, ya sassauta a kan abubuwan da ƙanensa ya tsananta, kamar kaɗe-kaɗe da tufafin ado na masu mulki da laƙabin sarauta, yana duban abin da jama'a za su iya ɗauka, Abdullahi kuma ya mayar da martani a rubuce. Da Shehu ya rasu a watan Afrilu 1817, manyan jama'a suka yi wa Bello mubaya'a, kuma ana ruwaito cewa Abdullahi ya iso Sakkwato ya tarar an rufe ƙofa, ya juya zuwa Gwandu. Mai wannan suka zai ce ai ga shi nan, waɗanda suka fi kowa sanin mutanen biyu sun zaɓi mai sassauci. Gaskiya ne Bello ya fi baffansa iya tafiyar da mutane, shi ya gina Sakkwato a 1809, shi ya kafa ribaɗoɗi irin su Wurno. Amma Bello shi ma malamin fiƙihu ne mai tarin littattafai, ya rubuta wa sarakunan da ke ƙarƙashinsa ƙa'idodin mulki. Saɓanin nasu tsakanin masana biyu ne a kan inda sassauci ya kamata ya tsaya, kuma an yi shi da hujja a takarda. Sassauci yana da ma'ana ne idan an san ƙa'idar da ake sassautawa. Da babu mai tsanani irin Abdullahi a gefe yana rubuta inda iyaka take, da abin da aka fara da sunan lalura ya zama halin kullum ba tare da kowa ya lura ba. Kuma da tawayen Kalambaina ya rutsa da Abdullahi, Bello ya kawo masa ɗauki, shi kuma ya yi wa Bello mubaya'a. Ya bar haƙƙin da yake ganin nasa ne don kada jama'a ta tsage.

Suka mafi nauyi ita ce wadda mutumin Ƙonni ko Bagobiri ko Bakabe zai iya yi, kuma duk mai rubutu daga wannan yanki bai kamata ya tsallake ta ba. Garuruwan da aka ci a jihadi garuruwan mutane ne, an kashe, an kama bayi, kuma daular da aka kafa ta rayu da bauta har ƙarshenta. Shari'ar da Abdullahi ya sani ta hana a bautar da ɗa Musulmi, amma ba ta rufe ƙofar bauta ba, kuma wanda aka ɗaure da igiya a lokacin bai amfana da ƙwarewarsa a nahawu ba. Bayan haka, mutumin da ya soki mayar da shugabanci gadon gida, a ƙarshen rayuwarsa ɗansa Muhammadu da ɗan yayansa Buhari ya bar wa tafiyar da al'amura, kuma bayan rasuwarsa a 1829 'ya'yansa ne suka yi ta gadon Gwandu ɗaya bayan ɗaya, sarautar tana gidansa har yau. Ba zan ce waɗannan ƙananan abubuwa ne ba. Suna nuna cewa masanin shari'a ɗan zamaninsa ne, kuma iyakar da ya zana tana iya barin wasu bayin Allah a waje. Amma a lura da inda muke samun bakin yin wannan suka. Mun san jama'ar ta kauce daga manufarta ne domin shi ya rubuta cewa ta kauce, mun san gadon sarauta ya saɓa wa abin da aka yi alkawari ne domin alkawarin yana nan a littafinsa. Ya bar wa na baya abin da za su tuhume shi da shi. A kwatanta da abin da Ƙonni ta gani a watan Mayu 1899, lokacin da rundunar Voulet da Chanoine ta afka wa garin ta yi kisan da har yau ba a manta ba. Faransa tana da dokoki da kotuna a lokacin, amma hafsoshin nan sun yi nisa da duk wani alƙali, kuma da aka aiko Kanar Klobb ya tsayar da su, harbe shi suka yi a watan Yuli. Ikon da ya yanke igiyarsa da shari'a haka yake ƙarewa, ko daga ina ya fito.

Wani zai ce duk wannan labarin daular Musulunci ne, magajin garin yau kuwa ma'aikacin jamhuriya ne mai bin dokar da aka rubuta da Faransanci, ba shi da hurumin yanke hukunci, don haka kwatancen bai hau ba. Bambancin yana nan, amma bai rushe maganar ba. Yamai ta samu zaɓaɓɓen magajin gari, Djibo Bakary, tun 1956, alhali ƙananan hukumomin karkara irin su Badagishiri sai a zaɓen watan Yuli 2004 suka samu nasu. Kujera ce sabuwa, an dasa ta a tsakanin sarakunan gargajiya masu ikon sulhu da kotu mai ikon hukunci da wakilin gwamnati, kuma da aka rushe majalisun ƙananan hukumomi a watan Afrilu 2024, kantomomi aka naɗa su riƙe ta. Ko zaɓaɓɓe ne ko naɗaɗɗe, wanda ke kanta shi ke jagorantar hukumar filaye ta ƙaramar hukuma, wadda ta samo asali daga dokar karkara ta 1993, shi ke sa hannu a rabon fulotai, ta hannun ma'aikatansa ake karɓar kuɗin kasuwa da na tikitin dabbobi. A gari irin Badagishiri, da ke kan hanyar Tsarnawa zuwa Tawa, mai babbar kasuwar dabbobi, waɗannan ba ƙananan iko ba ne. Kuma amana ba ta sauya hukuncinta don an sauya harshen da aka rubuta dokar da shi. Wanda ya karɓi kuɗin talaka a bakin kasuwa za a tambaye shi a kansu, ko sunansa sarki ko magajin gari.

Saboda haka ina ganin kuskure ne babba yadda masu ilimi da yawa a yankin nan, na zaure da na jami'a, suke ɗaukar harkar ƙaramar hukuma a matsayin ƙazanta da mutumin kirki ba ya kusanta. Jami'ar Tawa tana yaye masu karatun doka, Jami'ar Musulunci ta Say tana yaye masu karatun shari'a, zaurukan Ƙonni da Illela ba su rasa waɗanda suka sauke Risala da Mukhtasar ba, amma idan aka zo shata burtali ko rabon fili a bakin gari, sau da yawa ba su a wurin. Wanda ya san iyakar haƙƙin manomi da na makiyayi, ya ga ana shirin cinye hurumin gari, ya yi shiru don kada a ce yana son muƙami, bai tsira ba, domin haƙƙin da ya salwanta saboda shirunsa yana da rabo a cikin alhakinsa. Kira na gare su shi ne su shiga hukumomin filaye na ƙauye da na ƙaramar hukuma, su tsaya takara idan an buɗe zaɓe, su karɓa idan an kira su. Ranar da suka zauna kuma, aikinsu na farko ya zama rubuta ƙa'idar rabon fili da ta kuɗin kasuwa da Hausa, a karanta wa jama'a a kafe a ƙofar ofis, duk rigimar da ta shafe su ko danginsu kuwa su miƙa ta ga alƙali su koma gefe su jira hukunci kamar kowa.